Neman Yaya Bado a Kwatano

A kan gadar Malanbil na fara jin cewa na bar gida. Har Gaya ina jin Hausa ta kowane gefe, ko da an gauraya ta da Zabarmanci. Muna tsallake kogin, wanda shi ne iyakar ƙasa, sai wani soja ya leƙo cikin motarmu, ya ce da ni "kamarad", ya miƙo hannu. Na ɗauka gaisuwa ce, na sunkuyar da kai na ce masa ina wuni. Wani dattijo da ke zaune kusa da ni ya yi mini raɗa cewa takardar shaida ake tambaya, wadda muke ce wa dantite. Na kwance bakin zane na ciro ta na miƙa masa. Sojan ya duba, ya dube ni, ya jefo mini ita a cinya.

Sunana Rakiya, ƙauyenmu yana bakin tabkin Madarunfa. Yayana na fito nema, ɗan farin Inna. Sunansa na yanka Sama'ila, amma Inna ba ta faɗinsa saboda kunyar ɗan fari. Naƙudarsa ta kama ta tana cikin ruwa tana tsinkar bado, don haka ta riƙa ce masa Bado, gari duka ya ɗauka. Bayan farin da ya kashe mana dabbobi ya tafi Kwatano aikin dako. Da farko saƙonsa na zuwa ta hannun fatake, daga baya shiru, damina ta bi damina. Idon Inna ya soma rufewa. Ni kuma mijina ya rasu, na gama takaba, ba ni da ɗa a hannu. Ba wanda zai je sai ni. Na cika buhu da daddawa da kuka da yaji, da niyyar in sayar in ci, in kuma nemi aikatau har Allah ya sa in gan shi.

Dattijon nan sunansa Baba Jauro, Bafulatani ne mai kai shanu kudu. Ya tambaye ni inda na nufa, na gaya masa.

Ya ce, "Bado. Mu tabbe muke ce masa. Na ci saiwarsa har na gaji a shekarar yunwa. Uwar da ta sa wa ɗa wannan suna ta ga wahala."

Na ce, "A'a Baba, shekarar ƙoshi ce. Furen ta gani."

Ya yi dariya ya ɓara goro ya ba ni. Kafin mu isa Faraku ya ce in na sauka Kwatano in nemi Zango, in tambayi gidan Gwaggo Lamatu mai waina, in ce shi ya aiko ni. Shi zai tsaya jiran shanunsa, sai ya iso daga baya.

A Faraku ake shiga jirgin ƙasa. Na zauna a tasha bisa buhuna, ina tambayar duk wanda na ji yana Hausa ko ya san wani Bado a Kwatano. Can sai ga wani mutum da riga mai tsabta da agogo, ya durƙusa ya gaishe ni kamar ɗan gida. Ya ce sunansa Ɗanladi.

Ya ce, "Wane Badon? Yaya kamarsa?"

Na ce dogo ne, baƙi, mai wushirya.

Ya tafa hannu. "Mai wushiryar nan? Ai tare muke ɗaukar buhu a bakin teku. Kullum maganarsa ƙanwarsa."

Ban lura cewa ni na ba shi wushiryar da bakina ba. Hawaye suka cika mini ido, na yi ta yi masa godiya. Da jirgi ya iso ya ce ba a shiga da babban kaya wurin zaman mutane, akwai taragon kaya a baya, in hau in kama mana wuri. Ya saɓa buhun a kafaɗa. Na hau na shimfiɗa mayafina a gefena don kada a zauna masa. Jirgi ya yi kuka, ya ja, ina leƙe ta taga, ina hana mutane wurin. Sai da gidajen Faraku suka ƙare muka shiga daji sannan na janye mayafin.

Zannuwana na canji suna cikin buhun nan. Abin da ya rage mini buta ce da dantite da kayan jikina. Wata mata mai goyo ta zauna a wurin da na tanada. Ba ta jin Hausa, ni ba na jin nata. Ta ga ina kuka. Da muka tsaya a Sabe ta sayi dafaffiyar doya ta taga, ta raba biyu, ta ɗora rabi a cinyata, ta juya tana kallon waje har na cinye.

Kwatano gari ne na rairayi da gumi. Iskar tana da nauyi, tana warin kifi da gishiri, zane ba ya bushewa a jikin mutum. Ko'ina ka duba koriyar tuta mai jan tauraro. Zango ba shi da nisa da tashar jirgi, na bi kiran salla har na isa. Da na ji wata mata tana zagin ɗanta da Hausa sai na tsaya a bakin titi ina saurare, kamar waƙa take yi.

Gwaggo Lamatu mutuniyar Jugu ce, ƙatuwar mace mai faɗa, Hausarta rabi Dandanci rabi Faransanci. Ta saurari labarina tana juya waina, ba ta ɗago ba.

Ta ce, "Kin ba baƙo buhu a Faraku. To, an yi miki lakwal, karatun farko ke nan. Kin iya daka?"

Na ce na iya. Ta ba ni tsohon zane da wuri a ɗakin da 'yan aikinta ke kwana. Tun daga ranar ni ce daka, ni ce ɗiban ruwa, da safe kuma in ɗauki tiren waina in kai ƙofar tashar jiragen ruwa, inda 'yan dako ke zaman jiran aiki. Wannan ya yi mini daidai, don duk wanda ya sayi waina sai na tambaye shi.

Ba wanda ya san Bado. Wani ya ce Badu gari ne a Togo, in je can. Wani ya ce akwai wani Badu mai gyaran agogo, amma mutumin Sanigal ne. Da na koma tambaya da sunan yanka sai Sama'ilai suka yi mini yawa. An kai ni wurin Sama'ila Tawa, da Sama'ila Gajere, da wani Sama'ila mai rediyo. Kowane in tafi, in tarar da baƙuwar fuska, in ba da haƙuri in juyo. Matan Zango suka fara ce mini ƙanwar Bado, wasu da tausayi, wasu da dariya. Da la'asar in na gama wanke-wanke nakan zauna bayan gida in tuna yadda Inna ke zama a zaure tana juya kunne duk lokacin da mota ta tsaya.

An daɗe a haka kafin in gamu da Malam Idi, wani tsohon shugaban 'yan dako da ya yi jinya ya dawo. Ya riƙe wainar bai ci ba, yana tunani.

Ya ce, "Akwai Sama'ila Maraɗi. Dogo, yana waƙa in ya ɗauki buhu. Amma ya daɗe da barin nan. Jirage sun yi ƙaranci, aka sallami da yawa. Na ji an ce ya koma wajen Laji, bakin ruwa, yana cirar furen ruwa yana kai wa masu magani."

Na ajiye tiren a ƙasa. Furen ruwa. Wa zai yi wannan sana'a in ba wanda ya tashi a bakin tabkinmu ba?

Gwaggo ta ce in jira ranar da ba ta da aiki ta haɗa ni da mai jin yaren. Ban iya jira ba. Washegari da na sayar da waina na ba wata maƙwabciya tiren, na kama hanya ina tambaya da hannu.

Laji unguwa ce da ruwa ya ci rabinta. Gidajen kan sanduna suke, ƙasa taɓo, aladu na kiwo a ƙarƙashi, hayaƙin kifi ko'ina. Ba mai jin Hausa ko ɗaya. A bakin ruwa na ga wani tsiro ya rufe tabkin har iyakar gani, ganyensa kore shar, furensa shuɗi-shuɗi. Na san ba bado ba ne. Amma na ce a raina wataƙila su suna ɗaya suke yi wa duk furen ruwa, yadda muke ce wa abubuwa da yawa ciyawa. Wata tsohuwa na zaune tana ɗinkin koma. Na nuna mata tsiron, na buɗe tafin hannu alamar tambaya. Ta tofar da yawu ta ce, "Togbile."

Na maimaita. Ta yi dariya ta gyaɗa kai.

Sai na riƙe kalmar kamar na tsinci zinariya. Na bi gida-gida ina cewa, "Hausa, togbile?" Ina nuna tsayinsa da hannu, ina nuna haƙorana. Wasu suka yi dariya. Wata ta ja 'ya'yanta ta shige ɗaki. Wani mutum ya ɗora yatsa a baki ya yi mini alamar in tafi. Ni kuwa na ɗauka sun san shi ne suna ɓoye mini, sai na ƙara ɗaga murya. A haka na iso wata rumfa da aka kafa tuta, maza cike, wani yana jawabi. In ya ce "Ehuzu" su amsa baki ɗaya. Ban san taron juyin juya hali ba ne, ban san mai jawabin shi ne dalage, wato wakilin gwamnati a unguwa, ba. Na ga maza da yawa wuri ɗaya, na ce a cikinsu ba za a rasa wanda ya san shi ba. Na jira ya numfasa, na matsa gaba na ce da ƙarfi, "Togbile. Togbile."

Samari biyu suka taso suka kama ni ta hannu biyu.

An kai ni wani ofis a cikin gari. Aka kira wani mai kaki ɗan arewa da ke jin Hausa sama-sama ya yi tafinta. Babbansu yana tambaya, shi yana juyawa.

"Wa ya aiko ki?"

Na ce Inna.

"Wace ce Inna? Ina take zaune? Su nawa ne?"

Na ce mahaifiyata ce, makauniya, tana ƙauye.

"Wa kike nema a Laji?"

Na ce Bado.

"Bado wa?"

Na ce sunansa Sama'ila, Bado sunan fure ne. Suka dubi juna. Babban ya ce me zai sa mutum ya ɓoye sunansa ya ɗauki na fure, in ba yana da abin da yake ƙullawa ba. Ya tambayi wane fure. Tafintan bai san bado ba. Na zana shi da yatsa a kan tebur, wani ya ce "nenufar", wani ya ce a'a "lotis", suka yi ta gardama da Faransanci a kaina kamar ba na wurin. Na ce don Allah su gaya mini laifina. Ba wanda ya juya wannan maganar. Da na sake faɗi, wani ya ɗauke ni da mari. Suka karɓe dantite ɗina, aka tura ni wani ɗaki da ke cike da mata.

Ɗakin yana da taga ɗaya can sama da bokiti a kusurwa. Yawancin matan 'yan kasuwa ne da aka kama da kayan fasa-ƙwauri. Na zauna jikin bango na haɗa kai da gwiwa. Kwana na farko ban ci komai ba, don abinci daga gida ake kawo wa kowa, ni kuwa ba wanda ya san inda nake. Washegari da hantsi wata dattijuwa ta turo mini ƙullin teba da ƙafa, ta ce da Hausa tsantsa, "Ci, 'yar nan. Kuka ba ya buɗe ƙofar nan, mun gwada."

Ita ce Iya Sikira, Bayarabiya mai sayar da saiwoyi da ganyen magani a babbar kasuwa. A Damagaram ta girma, mahaifinta tela ne a can. Faɗa ta yi da mai karɓar kuɗin rumfa aka kawo ta. Na ba ta labari tun daga farko. Da na zo kan kalmar, ta toshe mini baki da tafinta, ta waiga ƙofa.

Ta ce a hankali, "Kin san me kika faɗa? Da Fananci, yaren mutanen nan, ma'anarsa ƙasa ta lalace. Wannan ciyawar baƙuwa ce, ba a daɗe da ganinta ba. Ta toshe hanyar kwale-kwale, ta kori kifi, shi ya sa masunta suka sa mata wannan suna. Ke kuma kika je gaban dalage, a lokacin da ma'aikata ke kukan albashi, kika ce masa ƙasa ta lalace."

Ta fassara wa sauran matan. Suka yi ta dariya a ɓoye cikin mayafi har wata na share hawaye. Ni ban iya dariyar ba.

Iya ta ce, "To naku furen yaya yake?"

Na ce fari ne, cikinsa rawaya. Ganyensa shimfiɗe a kan ruwa kamar faifai. Yana buɗewa da sanyi, rana na yin zafi ya rufe. In furen ya faɗi yakan yi ƙwallo cike da 'ya'ya ƙanana kamar gero, mu shanya mu daka. Saiwar kuma kwankwarita muke ce mata, a dafa a ci.

Ta ce, "Osibata ke nan da yarenmu." Sai ta dubi fuskata da kyau. "Buɗe bakinki in gani."

Na buɗe. Ni ma ina da wushirya.

Ta ce, "Akwai Bahaushen da ke kawo mana shi daga fadamun bayan Kalabi, don ba ya fitowa a ruwan gishiri. Ba mu taɓa tambayar sunansa ba, Baba Osibata muke ce masa. Ya daɗe bai zo ba. Matarsa ke kawowa yanzu."

Na ce, "Matarsa?"

Ta ce, "In mun fita kya gani."

Iya Sikira aka fara saki, ta je Zango ta gaya wa Gwaggo Lamatu, wadda ta gama zagaya asibitoci tana nemana. Lokacin Baba Jauro ya iso da shanunsa. Shi da Gwaggo da wasu dattawan masallaci suka yi ta sintiri ofishin nan. Ban san abin da suka faɗa ko suka bayar ba, ba su kuma gaya mini ba. Wata ranar Alhamis aka kira ni aka ce in tafi in kama bakina. Na tambayi dantite, aka ce in dawo gobe. Na koma goben, da wata goben, har Gwaggo ta ce in na sake taka ƙofar nan ita ba ruwanta.

Na zauna a rumfar Iya Sikira ranar cin kasuwa, tsakanin ɓawon itace da busassun ganyaye. Wajen hantsi wata siririyar mace ta iso da kwando a ka, ruwa na ɗiga daga ciki. Da ta sauke na ga faffaɗan ganyen da na sani tun ina yarinya. Iya ta yi mata magana ta nuna ni. Matar ta dube ni, ta daɗe tana dubana, sannan ta zauna a ƙasa daɓas ta rufe fuska. Sunanta Asiba.

A kwale-kwalenta ta ɗauke ni. Ciyawar nan ta cushe hanya, sai ta tura da gora, ta tsaya, ta sare da adda, ta sake turawa. Gidansu yana can ƙarshen Laji, bukka ce kan sanduna, nesa da inda na yi yawona. Tun daga tsani na ji warin. Yara biyu na zaune a bakin ƙofa, babbar mace, ƙaramin namiji. Na sunkuya na shiga.

Yana kwance a tabarma, ya rame har ƙashin kafaɗarsa ya fito. An rufe ƙafarsa ta dama da tsumma. Ya ɗago kai, ya ƙura mini ido.

Ya ce, "Rakiya. Inna ta rasu ke nan."

Na ce, "Tana nan, Yaya. Ita ta aiko ni."

Ya juya fuska bango, kafaɗunsa na rawa. Duk faɗan da na tanado masa tun daga gida na yar da shi, na zauna a gefen tabarmar.

Gyambo ne. Ya ce ɗan ƙurji ya fara yi masa a ƙwauri, marar zafi, bai kula ba ya ci gaba da shiga fadama. Daga baya ya fashe ya yi ta ci, har ya kai gwiwa, ƙafar ta lanƙwashe ta ƙi miƙewa. Na tambaye shi me ya hana shi aiko da saƙo.

Ya ce, "In ce me? In ce na zo neman abin da zan mayar da shanun mahaifinmu, na ƙare mace na ciyar da ni? Kuma macen ba ta salla. Ta ina zan fara gaya wa Inna?"

Ni ma abin ya tsaya mini a rai da farko. Akwai wata 'yar tukunya a kusurwar ɗakin da Asiba ke zuba wa manja, in na gani sai in kau da kai. Amma na riƙa zuwa duk ranar da Gwaggo ta sake ni, na ga yadda take yi. Safe da yamma ta dafa ruwa ta wanke ƙafar nan, wadda ni 'yar'uwarsa sai na riƙe numfashi kafin in duba. Ita ke ɗora shi a baya ta sauko da shi tsani in zai kewaya. In lokacin salla ya yi ta kawo masa ruwa ta juya shi gabas, ta kori yara waje. Sannan ta shiga fadamar da ta ci ƙafarsa ta ciro abin da za su ci da shi.

Mun yi abin da za mu iya. Mutanen Zango suka yi karo-karo a masallaci, muka kai shi asibiti. Likita ya duba ya ce sai an yanke, kuma mu za mu kawo komai, tun daga auduga har zaren ɗinki, don ba su da shi. Abin da aka tara bai kai ko kusa ba. Muka dawo da shi yadda muka kai shi, sai dai wahalar hanya da ta ƙara masa zazzaɓi. Wani malami ya yi masa rubutu. Iya Sikira ta haɗa nata ba ta karɓi komai ba. Gyambon ya ɗan bushe a gefe ɗaya ya buɗe a wani.

Da Baba Jauro ya sayar da shanunsa, ya ce motar da ta kawo su za ta koma arewa ba kaya. Na roƙe shi ya zo ya ga Yaya, ko za mu shimfiɗa masa a baya. Dattijon nan da bai taɓa shiga kwale-kwale ba ya shiga saboda ni. Ya zauna ya yi masa addu'a, suka yi hira a kan shanu. Da muka sauko ya ce, "Rakiya, ba zan ɓoye miki ba. In muka ɗauke shi, a Kandi, kan hanya, za mu binne shi, in ma ya kai. Ke kuma ba ki da takarda. A cikin makiyayana zan iya cewa 'yata ce, su bar ki. In kika bar motar nan ta tafi, ban san ranar da za ki ga mahaifiyarki ba."

Na kwana biyu ina juya maganar. Can makauniya ba mai ɗebo mata ruwa sai maƙwabta, nan kuma mai jinya. Ko wanne na zaɓa na yar da ɗaya. Yaya ne ya yanke.

Ya ce, "Ki tafi. Ni ina da mai duba ni. Amma ki ce wa Inna na samu aikin gadi a bakin teku, ba sa ba da hutu. Ki ce na yi ƙiba."

Na ce, "Yaya, Inna ba ta gani, amma tana jin murya. Ban taɓa yi mata ƙarya ta wuce ba."

Can ya ce, "To ki ce ta yafe mini."

Ya kama hannuna ya riƙe, hannunsa da zafi. Asiba ta kai ni bakin gaɓa. Ta ba ni ƙunshin busasshen kifi, ta faɗi wata doguwar magana da ban ji ko ɗaya ba. Na amsa mata da tawa. Muka tsaya haka har ta tura kwale-kwalen.

Na tarar da Inna a zaure. Ta shafa fuskata, ta saurari bayana ko akwai wani takun, sannan ta ce in zauna. Na gaya mata duka, ban rage ba, har tukunyar manja. Ba ta yi kuka ba. Ta daɗe tana murza carbi.

Ta ce, "Yarinyar, ita ke fara ci ko shi?"

Na ce shi take fara ba, sai yara, sannan ita.

Ta ce in jawo mata adudunta. Ta lalubo can ƙasa ta fito da zanen saƙi baƙi, wanda kakarmu ta ba ta ranar da aka kai ta ɗaki, ba ta taɓa yarda ko ni in ɗaura ba. Ta ce in kai wa Baba Jauro kafin ya sake komawa kudu.

Ta ce, "A ba ta. A ce uwar mijinta ta gode."

Baba Jauro ya tafi da shi. Sai bayan damina ya biyo ta ƙauyenmu, ya zauna a zaure ya cire hula ya riƙe. Ya ce ruwa ya yi yawa bana a Kwatano, ya cinye layin bukkokin ƙarshen Laji gaba ɗaya. Mutanen sun watse, wasu Kalabi, wasu ƙauyukan cikin tabki. Ya sa an tambaya, ba wanda ya san inda Asiba ta kai shi, ta kuma daina zuwa kasuwa. Ya bar zanen a hannun Iya Sikira ko wata rana za ta leƙo.

Inna ta ce, "To. Allah ya saka maka." Ta ce in matsar mata da tabarma, rana ta iso ta.

Ta rasu kafin a gama girbin shekarar. Baba Jauro ma tsufa ya hana shi fatauci daga wannan tafiyar. Na aika tambaya ta hannun fatake da yawa bayansa, har na daina. Ban taɓa jin ko zanen ya isa ba.